Tiya Nawa Ke Cikin Dami? Lissafin Abin da Mawaƙi Ke Samu Daga Sauraron Waƙarsa ta Intanet



Ina godiya ga hukumar wannan jami'a da ta ba ni wannan dama. Ina kuma godiya ta musamman ga ɗalibanmu na ƙasar Sabon Birni da Isa, domin tambayar da zan yi magana a kanta yau daga wajensu ta fito. Ɗaya daga cikinsu ne ya same ni a ofis da waya a hannu, ya nuna mini waƙar ƙanen mahaifinsa, wani makaɗi na ƙauyensu, wadda aka ɗora a intanet. A ƙarƙashin waƙar an rubuta adadin waɗanda suka kalla, adadi mai yawan gaske. Sai ya ce da ni, "Malam, wannan nawa ne a kuɗi?" Ya ce magana ta yi tsami a gida. 'Yan amshi suna ganin an ci guminsu, dangi suna ganin makaɗin ya sami dukiya ya ɓoye, shi kuwa yana ta rantsuwa cewa ko kwabo bai gani ba. Na ce ya ba ni lokaci in yi lissafi, kuma lissafin nan ne na kawo gabanku.

Kafin mu shiga lissafi, ya kamata mu tuna yadda ake sanin samun makaɗi a ƙasar Gobir tun asali. Ibrahim Narambaɗa, mutumin Tubali ta ƙasar Isa, makaɗin kotso ne na Sarkin Gobir Amadu na Isa. Makaɗin fada irinsa ba ya sayar da waƙa. Yana da ubangida wanda ke ɗauke da cinsa da suturarsa, in kuma ya yi waƙa a ba shi doki, ko riga, ko rawani, ko dammunan hatsi, ko kuɗi. Abin lura a nan shi ne, kyautar nan ba a ɓoye ake yin ta ba. Sanƙira yana tsaye, da an miƙo sai ya ɗaga murya ya faɗi wanda ya bayar da abin da ya bayar, kowa ya ji, har da 'yan amshi da masu riƙe da kayan kiɗa. Saboda haka in an koma gida aka zo rabo, ba wanda zai ce an ɓoye masa wani abu. Ana iya yin gardama a kan yawan kason da aka ba mutum, amma ba a gardama a kan yawan abin da aka samu.

To, a wannan sabuwar hanya ta sauraro ta intanet an raba abubuwa biyu da a da suke haɗe. Adadin masu sauraro yana fili, duk mai waya yana ganinsa. Adadin kuɗi kuwa yana shiga asusun mutum ɗaya, ba wanda ke gani sai shi. Ba sanƙira. Daga nan zato ke samun ƙofa.

Kuskure na farko da ake yi shi ne a ɗauka cewa sauraro ɗaya yana da tsayayyen farashi, kamar yadda kan sarki yake da shi a gidan waya. Za ku ji ana cewa kamfanin Spotify yana biyan tsakanin dala 3 zuwa dala 5 a kan kowane sauraro 1,000, sai mutum ya ɗauki wannan ya ninka da adadin da ya gani, ya ce ga abin da wane ya samu. Wannan ƙiyasi ne da aka samo ta hanyar haɗa ƙasashe masu arziki da marasa shi aka raba, ba farashi ne da kamfanin ya yanka ba. In ka tambayi manomin Sabon Birni tiya nawa ke cikin damin gero, zai fara tambayarka na wace gona, na wace damina, kuma wa ya ɗaure shi. Haka sauraro yake.

Ga yadda abin ke gudana. A kowane wata kamfanin yana tara abin da ya samu a kowace ƙasa daban, watau kuɗin da masu biyan wata suka biya da kuɗin tallace-tallacen da aka sa wa masu sauraron kyauta. Sai ya ware kimanin kashi biyu cikin uku domin masu haƙƙin waƙoƙi, ya riƙe sauran. Sa'an nan a ƙirga dukkan sauraron da aka yi a wannan ƙasa cikin watan, kuma ba a ƙirga shi sauraro sai an kai daƙiƙa 30, watau rabin minti. Wanda waƙoƙinsa suka ci kashi ɗaya cikin dubu na sauraron, shi ke da kashi ɗaya cikin dubu na kuɗin. Ke nan kowace ƙasa da rumbunta, kuma abin da za a auna maka ya dogara ga abin da aka zuba a rumbun da kuma yawan masu jiran awo. Har ma akwai abin mamaki a ciki: in mutanen ƙasa suka ƙara yawan sauraro alhali kuɗin da suke biya bai ƙaru ba, sai darajar kowane sauraro ta faɗi.

Bari mu gwada da alƙaluma. Spotify ya fara aiki a Nijeriya cikin watan Fabrairu na 2021, yana karɓar naira 900 a wata ga mutum ɗaya. A ƙarshen 2024 kuɗin ya koma naira 1,300. A daidai wannan lokaci Ba'amurke yana biyan dala 11.99, dala ɗaya kuwa tana wajen naira 1,500 ko fiye. Watau ɗan Nijeriya bai biya ko dala ɗaya cikakkiya ba. Kashi biyu cikin uku na naira 1,300 ya kama wajen naira 870. Yanzu mu ƙaddara, kuma ina jaddada cewa ƙaddarawa ce domin sauƙin lissafi, mai biyan nan yana sauraron waƙa sau 1,000 a wata, kimanin sau 33 ke nan a yini. In haka ne, kowane sauraro nasa ya tashi a kan kwabo 87. Mu ɗauki Ba'amurke mai irin wannan yawan sauraro. Kashi biyu cikin uku na kuɗinsa ya kama wajen dala 8, watau naira 12,000, saboda haka sauraronsa ɗaya ya tashi a kan naira 12. Waƙa ɗaya, murya ɗaya, tsawo ɗaya, amma kunnen da ke Amurka ya ninka kunnen da ke Sakkwato kusan sau 14. Sauraro miliyan ɗaya a nan naira 870,000 ne, a can kuwa naira miliyan 12.

Wannan ma lissafin mai kyautata zato ne, domin na ɗauka kowa yana biyan cikakken kuɗi. Alhali kuwa akwai rangwamen ɗalibai, akwai na iyali, akwai haraji, kuma masu sauraron kyauta sun fi masu biya yawa, abin da talla ke kawowa a kansu kuwa bai kai na masu biya ba ko kusa. Duk wanda zai yi ƙiyasi na gaskiya sai ya sauko ƙasa da waɗannan alƙaluma, a nan da can duka.

Sa'an nan kwabo 87 ɗin nan ba na mutum ɗaya ba ne. A idon doka kowace waƙa da aka ɗauka tana da haƙƙi biyu. Akwai haƙƙin waƙar kanta, watau baitoci da karin da aka ɗora su a kai, wannan na wanda ya ƙaga ta ne. Akwai kuma haƙƙin ɗaukar sauti, wannan na wanda ya ɗauki nauyin naɗar ta ne, ko kamfani ko mai situdiyo ko shi mawaƙin in da kuɗinsa aka yi. Wani kwamiti na majalisar dokokin Ingila da ya binciki wannan harka a 2021 ya bayyana rabon da cewa, cikin kowane 100, wajen 30 na kamfanin sauraro ne, 55 na masu ɗaukar sauti, 15 na masu waƙa. In muka bi wannan ma'auni, cikin naira 870,000 ɗinmu wajen naira 680,000 na mai ɗaukar sauti ne, wajen naira 190,000 kuma na mai waƙa. Ku dubi wannan da kyau, ɗalibai. A fadar Isa wanda ya ƙaga waƙa shi ne babba. A nan kuwa wanda ya mallaki faifai shi ke da kason zaki.

Shi ya sa tambayar da ta fi kowace muhimmanci ita ce, da sunan wa aka yi rajista? Mawaƙi ba ya kai waƙarsa ga Spotify ko Apple Music da hannunsa. Sai ya bi ta wajen dillali, irin su DistroKid da TuneCore masu karɓar kuɗin shekara, ko CD Baby mai cire kashi 9 cikin 100 na abin da aka samu. Dillalin nan shi ke ba kowane ɗauka lambar shaida, kuma ga wanda ya buɗe asusu yake biyan kuɗi, ba ya tambayar muryar wa ce ke ciki. Buɗe asusun yana bukatar Turanci, da adireshin imel, da katin banki mai biya da dala, wanda tsakanin 2022 da 2025 bankuna da dama a ƙasar nan suka hana a yi da katin naira. Makaɗin ƙauye ba shi da ko ɗaya cikin waɗannan. Saboda haka wani yaro mai wayo a birni ne ke yi masa, ko kuma ya yi ba tare da saninsa ba. Ko a Kano, inda mawaƙan zamani suka fi wayewa da harkar, an daɗe ana sayar wa masu shirya fim waƙa ɗungurungum a karɓi kuɗi sau ɗaya, duk abin da ta jawo daga baya kuwa ba ruwan mai ita.

Akwai wani shinge kuma. Tun daga watan Afrilu na 2024 Spotify ya daina biyan kuɗin ɗaukar sauti a kan duk waƙar da ba a saurara sau 1,000 ba cikin watanni 12 da suka gabata. Ga mawaƙin Legas wannan ba komai ba ne. Ga wanda ya yi wa hakiminsu waƙa, ko sarkin noman garinsu, wanda masu son waƙar duk suna tsakanin Gatawa da Tsibiri, yana iya shekara bai haye wannan shinge ba.

Na daɗe a kan Spotify ne domin shi ya fi bayyana ƙa'idojinsa, ba domin a can Hausawa suke ba. Akwai Boomplay, wanda ke zuwa cikin wayoyin Tecno da Infinix da itel, akwai Audiomack, amma babbar kasuwar waƙar Hausa ita ce YouTube, kuma a can waƙar da ɗalibina ya nuna mini take. YouTube yana ba mai tasha kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallan da aka sa a kan bidiyonsa. Kafin a fara raba kuɗin talla da tasha sai ta sami mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin shekara guda. Ba kowane kallo ke zuwa da talla ba, kuma farashin tallan ya dogara ga ƙasar mai kallo. Masu kallon waƙar Hausa suna Nijeriya da Nijar da Gana da Kamaru da Sudan, sai 'yan ci-rani a Saudiyya da Libiya, yawancinsu ƙasashen da masu talla ba sa biya da tsada. Ɗan abin da aka samu daga masu kallo na Amurka kuwa, tun 2021 ana cire masa harajin wannan ƙasa, wanda kan kai kashi 30 cikin 100 ga mutumin Nijeriya. Bayan duk wannan, kuɗin na mai tasha ne, sai fa in wani ya riga ya yi rajistar sautin a na'urar YouTube mai gane waƙoƙi, to sai a karkata kuɗin zuwa gare shi. Da muka duba tashar da ke ɗauke da waƙar baffan ɗalibina, sai muka tarar ba tasa ba ce, ba ta wani da ya sani ba ce. Rantsuwarsa gaskiya ce.

Wani zai ce, ai mun ji an ce mawaƙan Nijeriya suna kwasar biliyoyi. Haka ne, Spotify ya sanar da cewa abin da waƙoƙin 'yan Nijeriya suka jawo a wajensa ya haura naira biliyan 11 a 2022, biliyan 25 a 2023, biliyan 58 a 2024. Amma a karanta wannan da hankali. Na ɗaya, cikin watan Yuni na 2023 aka saki naira ta nemi farashinta a kasuwa, dala ta tashi daga wajen naira 460 zuwa wajen 1,500 a 2024, saboda haka babban ɓangare na wannan hauhawa faɗuwar naira ce. Na biyu, biliyan 58 ɗin nan ba ta kai dala miliyan 40 ba, alhali kamfanin ya ce ya biya dala biliyan 10 a duniya duka a wannan shekara. Rabonmu bai kai rabin kashi ɗaya cikin 100 ba. Kuma kuɗin daga masu sauraro na duniya duka ya fito, aka biya shi ga kamfanoni da dillalai, ba hannun mawaƙa kai tsaye ba. Wanda ake jin sa a Landan da Niyok, irin su Burna Boy da Wizkid, daga manyan rumbuna ake auna masa. Makaɗin Gobir daga ƙaramin rumbu ake auna masa, in ma an auna.

Na ce in ma an auna, domin mafi yawan sauraron da ake yi a ƙasarmu ba ya shiga ƙidaya sam. Ku tafi kasuwar Sabon Birni ko ta Isa ko ta Shinkafi, za ku ga masu tura waƙa zaune da kwamfuta, a ba su 'yan kuɗi kaɗan su cika wa mutum memori da ɗaruruwan waƙoƙi. Daga nan waƙa ta bi Xender da WhatsApp daga waya zuwa waya, ta ƙetare iyaka ta shiga Maraɗi, direba ya sa a mota, mai shayi ya sa a teburinsa, manomi ya rataya waya a wuya yana huɗa. Ba wanda zai zarge su, kuɗin data ya fi ƙarfin talaka, kuma sabis ɗin ma ba kullum yake samuwa ba. A watan Satumba na 2021 an rufe layukan waya a ƙananan hukumomi 14 na Jihar Sakkwato saboda matsalar 'yan bindiga, har da Sabon Birni da Isa. A tsawon wannan rufewa ba a daina jin waƙa ba, amma a littafin kamfanonin sauraro ƙasar ta yi tsit kamar ba kowa. Saboda haka adadin da ke kan waya yana yaudara ta fuska biyu: ya fi ƙarfin kuɗin da ya jawo, kuma bai kai yawan masu jin waƙar na haƙiƙa ba.

Da a ce tsohuwar hanya tana nan da ƙarfinta, da wannan duk bai dame mu ba. Makaɗi ya yi suna ta memori, a gayyace shi biki ko naɗin sarauta ko wasan dambe ko gayyar noma, a yi masa kari, sanƙira ya faɗa. Har yanzu nan ne abincin makaɗin Hausa yake. Amma kun fi ni sanin halin da gabashin Sakkwato ya shiga. Garuruwa sun tashi, mutane sun yi gudun hijira zuwa Nijar, taron dare ya zama abin tsoro, kuma a watan Agusta na 2024 Sarkin Gobir Alhaji Isa Bawa ya rasa ransa a hannun 'yan bindigan da suka sace shi, Allah ya jiƙansa da rahama. Inda uban ƙasa bai tsira ba, makaɗinsa ina zai kafa kotso? Wannan ne ya sa 'yan kwabban intanet, duk da ƙanƙantarsu, suka zama abin da ya kamata a bi sawu.

A nan ina da magana da 'yan'uwana ma'aikata. Jami'in haraji da zai ƙiyasta samun mawaƙi daga adadin masu kallo zai zalunce shi, domin bai san ƙasar masu kallon ba, bai san mai tashar ba. Abin da za a nema shi ne takardar bayanin da dillali ko YouTube ke fitarwa kowane wata, wadda ke nuna ƙasa da ƙasa, waƙa da waƙa, da abin da kowace ta kawo. Alƙali ko hakimi da aka kawo wa ƙarar rabo tsakanin makaɗi da yaransa, shi ma wannan takarda ce shaidarsa. Kuma akwai wani giɓi da babu wata takarda da ta cike shi. Duk wanda ya saurari kiɗan fada ya san 'yan amshi ba maimaici kawai suke yi ba, suna karɓa suna ƙari, wani lokaci su ne ke ƙarasa ɗan waƙar da jagora ya buɗe. A rabon gargajiya suna da kasonsu sananne. A fom ɗin dillali kuwa, in mai cikewa bai rubuta sunansu ba, kamar ba su taɓa buɗe baki ba. Ina ganin wajibi ne duk ƙungiyar makaɗa ta rubuta yarjejeniyar rabonta tun kafin a ɗora waƙa, ko da cikin ajami ne, a gaban shaidu.

Sauran maganar magada. Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta kare waƙa har shekara 70 bayan rasuwar mai ita, ta kare ɗaukar sauti shekara 50 daga lokacin da aka fitar da shi ga jama'a. Alhaji Mamman Shata ya rasu a 1999, saboda haka haƙƙin waƙoƙinsa yana hannun magada har ƙarshen 2069. Alhaji Musa Ɗanƙwairo ya rasu a 1991, nasa har ƙarshen 2061. Narambaɗa kuwa ya rasu tun farkon shekarun 1960. Duk sautin da aka fitar tun yana da rai, wa'adinsa a dokar Nijeriya ya riga ya cika, watau babban kason nan na 55 ya kuɓuce. Abin da ya rage wa zuriyarsa shi ne ƙaramin kason mai waƙa, shi ma ba ya zuwa da kansa, sai an yi rajistar waƙoƙin ɗaya bayan ɗaya a wajen ƙungiyar karɓar haƙƙi wadda Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Nijeriya ta amince da ita, irin su MCSN, da takardar gado a hannu. Bakandamiya da 'yan'uwanta suna nan a tashoshi barkatai ana ta kallo, wa'adin haƙƙinsu kuwa zai cika a farkon shekarun 2030. Ɗalibanmu na sashen Hausa da na sashen shari'a 'yan ƙasar Isa suna iya haɗa jerin waƙoƙin da takardun rajistar cikin hutun zango ɗaya.

Shugaban taro, a nan zan dakata domin a sami lokacin tambayoyi.